Miyar Japan da Gashin Bakin Arzika

Kai, ɗiyan ga! Ku dai ba a yin magana gabanku ta wuce salin-alin. Don na leƙa tukunyar uwarku na ce ta yi miyar Arzika, shi ne kuka taru a kaina awa ƙudaje, wai wane ne Arzika, mi ya yi wa miya? Kun wanke kwanoni? Kun rufe akurki? Ke Sadiyatu, cire yatsa daga bakinki. Mu da muna kamarku tambaya guda muke yi a yini, ita ma sai mun duba fuskar babba tukuna. To, ku zauna. Kada kowa ya ce min ta zo mu ji ta, don wannan ba tatsuniya ba ce, a nan Ƙofar Atiku aka yi ta. Wanda ya katse ni, shi zai share tsakar gida gobe.

Arzika ƙanen kakata Rabi ne, uwa ɗaya uba ɗaya, ko da yake ita ba ta son a riƙa tuna mata. Lokacin Turawa ba su wuce shekara huɗu da cin garin nan ba. Kakata mijinta ya rasu, ta dawo gidan ubansu tana sana'ar daddawa, kuma daga nan har Wamakko babu matar da ba ta san daddawar Rabi ba. Shi kuwa Arzika ruwa yake ɗora wa jaki daga gulbi yana kai wa gidaje. Sau ɗaya tak ya taɓa barin gari. An haɗa shi cikin 'yan dako, ya ɗauki akwatin wani Bature a kai har Lokoja, ya dawo da kaushi a ƙafa da labari a baki. Tun daga ranar babu abin da za a ambata a duniya wanda bai gani ba a Lokoja.

Allah bai ba shi gona ba, bai ba shi gemun kirki ba, amma ya ba shi gashin baki. Baƙi wuluk, kowane gefe ya kai tsawon yatsa. Kullum da safe sai ya lakato man shanu ya shafa masa, ya murza shi sama kamar ƙahon rago. In zai sha fura, da hannu ɗaya yake riƙe ludayi, ɗayan yana tare gashin bakin. Ya ce a Lokoja sojoji sun taɓa sara masa, ba don shi ba, don gashin.

Ranar wata Asabar da hantsi yana zaune a rumfar Tambari wanzami, wurin da mazan unguwa ke taruwa, sai ga Muntari tafinta ya zo aski. Muntari Bakano ne, yana yi wa wani Bature mai auna ƙasa fassara. Baturen nan Mai Lofe ake ce masa, don ba a taɓa ganin bakinsa babu lofen shan taba ba.

"Malam Muntari, ka rame," in ji Tambari, yana wasa aska a tafin hannu.

"Ba dole in rame ba? Maigidana ya tashi daga zazzaɓi, yau kwana tara bai ci abin kirki ba. Kukunsa ya gudu garinsu. An kai masa tuwo ya kau da kai, an gasa masa kaza ya jefa wa kare. Wai miya guda yake marmari, wadda ya sha a wata ƙasa da ake kira Japan lokacin yana aikin jirgin ruwa. Miso, haka ya kira ta. Ya ce duk wanda ya dafa masa ita shi ne kuku, da farar riga da ɗaki a bariki."

Arzika ya murza gefen dama, ya murza gefen hagu.

"Miyar Japan? Ita ce ta hana ku barci?"

"Ka san ta ne?"

"Ji wata magana! Ni da na sha ta har ta gundure ni. Japan ai bayan Lokoja take kaɗan. In ka tsaya bakin ruwa da la'asar kana jin dakan matansu."

"Maigidana ya ce wata biyu ya yi a cikin jirgi kafin ya isa."

"Doguwar hanya ya bi."

Rumfa ta ɗauki dariya. Tambari bai yi ba. Shi shekara shida yana aske wa Arzika kai, ba a taɓa barin askarsa ta kusanci gashin bakin nan ba, abin yana cinsa a rai.

"Arzika, mu yi sharaɗi gaban mutane," ya ce. "In Bature ya sha miyarka ya nemi ƙari, ni zan riƙa gyara ma gashin bakin ga kyauta har in mutu. In bai nema ba, nawa ne, in kwashe shi tas."

Mai hankali da sai ya tuna jakinsa na jiran ruwa ya tashi. Arzika ya buga ƙirji.

"Ku shaida! Ran Alhamis. Tambari, ka tanadi man shanu mai kyau, gashin ga ba ya son na banza."

Muntari ya ga dai babu wani mai nema, sai ya shiga lissafa masa da yatsu yadda Bature ya bayyana. Da fari romon busasshen kifi. Sai wani ganye da ke fitowa a cikin teku. Sai wani farin abu mai laushi da ake yankawa ƙanana. Sai ganyen albasa. Sai uwar tafiyar, ƙullin wake da aka rufe ya kwana ya yi wari mai daɗi.

"Amma ka ji da kyau," in ji Muntari, "sau uku ya maimaita min. Miyar tsararo ce kamar ruwa, ɗaga kwano ake yi a sha. Kuma ƙullin waken nan ba a tafasa shi. Sai an sauke tukunya daga wuta ake dama ɗan kaɗan a ciki."

"Zazzaɓi ne ke magana," in ji Arzika. "Wa ya taɓa shan miya awa fura? Ka bar min, na san abin da yake nufi, ko shi bai sani ba."

Ya iso gida ya tarar da Rabi tana surfen kalwa. Ya ba ta labari tun daga fari, har da kwaikwayon Kananci irin na Muntari, "ba a tafasa shi, ba a tafasa shi," yana dariya. Ita ba ta yi dariya ba. Ta jingine taɓarya.

"Wake da ya kwana ya yi wari mai daɗi, ai daddawa ke nan. Ga ta can a faifai, ɗauki curi guda ka yi abin da mutumin ya ce."

"Yaya, da girmanki. Daddawar kalwa ta mutanen kasuwa ce. Bature za a ba. Tawa zan yi da kaina, ta wake, irin ta Japan."

"Ka taɓa yin daddawa?"

"Na ga ana yi."

"Ina?"

"Lokoja."

"Allah ya isa tsakanina da Lokoja," in ji Rabi. "To ji. In ka dafa, ka tsane ruwan sarai. Ka shimfiɗa ganye a kwando ka zuba, ka lulluɓe da tsumma, ka sa a ɗaki. Kwana uku ba a buɗewa, ko leƙe ba a yi. Ka jiya?"

Ya ji. Ya ɗauki babbar tukunyarta ya dafa wake tiya biyu. Da ya zo tsanewa sai ya tuna mutanen Japan a bakin ruwa suke, waken su ba zai so bushewa ba, ya bar masa ruwansa. Ɗaki kuma ya ga ya yi sanyi, ya juye waken a wani tulu ya toshe baki ya haura da shi kan soro, cikin ranar Sakkwato. Batun leƙe kuwa, duk wanda ya yi sallama a ƙofar gida sai Arzika ya hau da shi soro ya buɗe masa. Mai gyaran takalmi ya gani. Mai tallan gishiri ya gani. Wani baƙo da ya tsaya tambayar hanya, shi ma sai da ya hau ya gani.

Ran Lahadi tulun ya fara tsami. Ran Litinin ya fara magana shi kaɗai, ɓul, ɓul. Ran Talata da hantsi, Ashatu maƙwabciya ta leƙo ta kan katanga da gefen zane a hanci.

"Rabi, ku duba rijiyarku, wani abu ya faɗa ya mutu."

Aka duba rijiyar Rabi, ba komai. Aka duba ta Ashatu. Aka zura guga a rijiyoyi biyar na layin. Kafin azahar ungulaye goma sha ɗaya sun jeru a kan katanga, sun sa wa soro ido. Sai ga Mani, mijin Ashatu, dattijo mai kunya, ya yi sallama ya tsuguna a zaure ya ɗaga hannu.

"Arzika, ashe jakin ya tahi. Allah ya mayar ma da alheri."

"Wane jaki? Ga shi can ɗaure!"

Suka waiwaya tare. Igiya ce kawai a turke. Jakin ya tsinke tun da safe, an ce an gan shi ya miƙi hanyar Wamakko ko waige ba ya yi.

"Ƙamshin Japan ne," in ji Arzika. "Hancin da bai yi tafiya ba ba ya gane shi."

"To Allah ya bar mu gida," in ji Mani, ya fita da sauri.

Ran Laraba ya tafi gulbi a ƙasa neman ganyen teku. Ya sami Dodo masunci yana ɗinkin koma a gindin bishiya.

"Ganyen teku? Nan gulbi ne, Arzika."

"Ruwa ai ruwa ne. Wancan fa mai yawo a saman ruwa?"

"Kainuwa ce. Kada ka sa ta a baki, ƙaiƙayi take. Ko akuya ba ta ci."

"Akuya ta taɓa zuwa Japan?"

Ya naɗe wando ya shiga. Taki uku, laka ta kama shi har gwiwa. Ya yunƙura, ta kai shi ƙugu. Ya ƙara yunƙurawa ya zame, ruwa ya kai masa wuya. Dodo ya miƙa masa gora yana cewa ya kama, Arzika ya ƙi, don hannuwansa biyu suna riƙe da gashin baki sama kada ya jiƙe. Sai da masunta biyu suka jawo shi ta wuyan riga, kainuwa a kansa kamar hula, matsattsaku huɗu a ƙwauri, takalmi ɗaya ya zama na gulbi.

"Ka ga yadda ake tsinko ta," ya ce yana haki. "Daga ƙasa ake farawa."

Dodo ya share hawayen dariya, ya ɗauko bandar tarwaɗa uku masu kyau ya ba shi.

"Ba don kai ba. Don Rabi, ita ke ba uwar ɗiyana daddawa."

Saura farin abu. Arzika ya bi ta zangon Buzaye ya karɓo cuku, irin busasshen nan da suke tafiya da shi cikin hamada. Muntari ya ce mai laushi. Wannan in ka jefi kare da shi sai ya yi ɗingishi. Arzika ya ƙwanƙwasa shi a dutse ya ji ƙarar, ya ce ai wuta za ta yi masa magana.

Ran Alhamis da hantsi aka kama hanyar bariki. Arzika a gaba, ya ari farar riga, gashin baki ya sha mai har yana ɗaukar ido, tulun a kafaɗa an toshe bakinsa da tsumma uku. Bayansa Rabi, tukunya a hannu, faifan daddawarta a kai don daga can kasuwa za ta wuce.

"Yaya, kin zo ki koya?"

"Tukunyata na biyo, ba kai ba."

Bayan Rabi kuwa rabin Ƙofar Atiku. Tambari yana tafe da zabirarsa a rataye, kowa ya gani. Can sama ungulaye suna biye a hankali.

Jama'a suka tsaya bayan dannin kara da ya kewaye gidan Bature suna leƙe. Madafar a waje take, murhu a gindin wata tsamiya. Mai Lofe yana kishingiɗe a doguwar kujera a baranda, an lulluɓe shi da bargo cikin wannan zafi, ya rame ya yi fari fat, lofe a baki ba wuta, karensa kwance a ƙafarsa.

Arzika ya hura wuta, ya ɗora ruwa, ya ɓare kifin Dodo ya zuba. Ku ji abin mamaki: nan bai yi kuskure ba, don babu wurin yin kuskure. Ruwa ya yi zafi, kifi ya saki, romo ya fito garau, ƙamshi ya tashi ya bi iska har baranda. Bature ya ɗago kai ya cire lofe daga baki. Muntari ya sheƙo da gudu.

"Haka! Ya ce haka ne! Yanzu ka sauke."

"Sauke, Arzika," in ji Rabi a hankali.

Har ya kai hannu. Sai wata murya daga bayan danni ta ce, "Wagga ita ce miyar? Ai ana ganin gindin tukunya!"

"Ruwan wanka ka ɗora wa Bature?" in ji Tambari.

"Ko gidan makoki ba a fitar da wagga," in ji Ashatu. "Rabi, a gidanku anka koyi haka?"

Ku kun san garin nan. A ce maka matsiyaci, ka haƙura. A ce miyar gidanku tsararo ce, wannan har jikoki. Arzika ya dubi tukunya, shi ma ya ga gindinta. Ya janye hannu.

"Wa ya ce an gama? Wannan gaisuwa ce kawai."

Rabi ta dube shi, ta dubi sama. Ta ciro ɗan kaskonta daga faifai.

"Bari in ɗebi kaɗan kafin ka kashe kifin ga karo na biyu."

Ta cika kasko ta koma gefe ta rufe da murfi. Shi kuwa ya zura hannu a aljihun riga, ashe ya zo da shirinsa. Ya barbaɗa kuka tafi guda, ya kaɗa. Ta ɗan yi kauri.

"Yauwa, ta fara kama da miya," in ji wani.

Jin haka ya ƙara tafi biyu. Ya kawo busasshiyar kuɓewa ya zuba. Muntari yana tsalle a gefe yana cewa, "Tsararo! Ya ce tsararo!" Arzika ya ture shi da gwiwar hannu.

"Malam, kai fassara aka ɗauke ka. Ni ina shiga Turancinka?"

Ya watsa barkono, don mai zazzaɓi yana son abin da zai sa shi gumi. Ya sa man shanu, ragowar na gashin baki. Ya yayyaga kainuwa ya tura. Ya jefa cuku, aka ji ƙwal, ƙwal a gindin tukunya. Sannan ya juya ya fuskanci jama'a, ya murza dama, ya murza hagu, ya cire tsumman tulu.

Danni ya yi baya da mutanen da ke jingine da shi. Mani ya yi salati. Karen Bature ya tashi ya shige ɗaki, aka ji ya shiga ƙarƙashin gado. Ungulaye suka sauko reshen ƙasa na tsamiya.

"Kaɗan!" Muntari ya yi ihu ta cikin hularsa da ya toshe hanci da ita. "Kuma ba a kan wuta ba!"

"Ɗanya zan ba mutum? A ce Arzika ya ba baƙo ɗanyar daddawa?"

Ya juye rabin tulu, ya ƙara itace, miya ta shiga tafasa tana tsalle. Da ya taɓa cuku da muciya ya ji yana nan yadda Buzaye suka ba shi, sai ya jefa kanwa dunƙule guda don ta lausasa shi. Nan take tukunya ta yi kumfa, ta taso kore shar, ta malalo ta kashe wuta, toka ta tashi ta rufe shi. Da ta lafa, sai ga Arzika fari fat tun daga hula har ƙafa, yana kakkaɓe gashin baki da yatsu biyu.

"Ta nuna," ya ce. "Haka take sanarwa."

Aka kawo farin kwanon tangaran. Ya ɗebo da ludayi, miya ta biyo ludayi ta ƙi rabuwa da tukunya, sai da ya yanke ta da gefen hannu. Ya fito da malmalar tuwo da ya ƙunso a ganye daga gida, don shi a ganinsa miƙa wa mutum miya ba tuwo zagi ne. Muntari ya ƙwace tuwon ya ɓoye a bayansa. Aka kai kwano baranda, jama'a suka matso duk da warin.

Mai Lofe ya dubi abin da ke cikin kwano, ya dubi Muntari. Amma yunwar kwana goma sha huɗu ba ta bar masa zaɓi ba. Ya ajiye lofe a cinya, ya ɗauki kwano da hannu biyu yadda ya ga ana yi a can, ya kai baki ya karkata. Miya ba ta zo ba. Ya ƙara karkatawa. Ba ta zo ba. Ya ɗaga sosai, sai ta taho gaba ɗaya a dunƙule, rabi a baki, rabi a bargo. Ya janye kwano, igiyar yauƙi ta biyo shi daga leɓe har tsawon hannu. Aka ji ƙaras, haƙori ya gamu da cuku. Barkono ya kama harshe, kainuwa ta kama maƙogwaro. Mutumin da aka ce ba ya iya tashi zaune ya miƙe tsaye cak, ya yi ja kamar gauta, yana tari yana susar wuya yana zuba Turanci ba numfashi.

"Mi yac ce? Mi yac ce?" jama'a suka tambaya.

"Wannan ba a fassara shi gaban mata," in ji Muntari.

"Yabo ne," in ji Arzika, amma muryarsa ta yi ƙasa. "Haka suke yabo a Lokoja."

Rabi ce ta gaji da kallo. Ta ce ko ba komai ɗan mutane ne, yana da uwa a wani wuri. Ta buɗe kaskonta, romon ya huce ya rage ɗumi. Ta gutsuri daddawarta kamar kan yatsa, ta murje ta a ludayi da ɗan romo har ta narke, ta juye a ciki. Ta yanka lawashi siriri ta watsa. Ba ta kai shi kusa da wuta ba.

"Ungo, Malam Muntari, ba shi ya wanke maƙoshi."

Bature ya karɓa don ya kashe yaji. Ya kurɓa. Ya tsaya. Ya sake kurɓa, a hankali wannan karon. Ya koma kujera ya zauna, ya riƙe kaskon da hannu biyu, ya rufe ido, ya shanye har ƙasa. Wuri ya yi tsit, har kana jin ungulu na gyara fiffike. Sannan ya yi magana ƙasa-ƙasa, ya miƙo kasko.

"Ya ce ba ita ba ce," in ji Muntari, "amma 'yar ƙanwar uwarta ce. Ya ce a ƙara masa. Ya ce kuma, Inna, farar riga da ɗaki naki ne."

"In bar kasuwa in zo in riƙa dafa ruwa? Ka ce mai babu ƙari yau, ƙanena ya kashe sauran. Gobe ya aika gulbi a samo kifi, ya aiko a karɓi daddawa, in gwada maka yadda ake yi. Ba wuya. Ka san lokacin da za ka cire hannunka, shi ke nan."

Ta ɗauki tukunyarta ta leƙa ciki, ta ce sai an kwana uku ana jiƙa ta, ta aza faifai ta wuce kasuwa.

Ba a tsaya ko'ina ba sai rumfar Tambari. Aka zaunar da Arzika a kan turmi, Tambari ya fiddo aska yana wasawa yana murmushi.

"Ku tsaya!" in ji Arzika, hannu biyu a kan baki. "Bature ya nemi ƙari ko bai nema ba? Romon daga tukunyar wa ya fito? Wa ya shiga gulbi? Wa ya hura wuta? Yaya gutsuren daddawa kawai ta sa!"

Aka yi ta gardama, wasu na cewa yana da gaskiya, wasu na cewa a kwashe. Aka ce Mani ya raba, shi ne babba. Mani ya shafa gemu.

"Kifi da wuta na Arzika ne. Daddawa da hankali na Rabi ne. Miya ta rabu biyu, gashin baki ma ya rabu biyu. A aske rabi."

Arzika ya yi dariyar nasara, don shi a lissafinsa ya tsira da rabi. Tambari ya tambaye shi wane gefe ya fi so, ya ce dama. Aska ta bi hagu sau biyu, shi ke nan. Ya miƙe ya murza abin da ya rage.

"Haka manyan kukun Japan ke barin nasu," ya ce, ya fita yana taƙama.

Bai kai ƙarshen layi ba ya gane. Mai gishiri ya gan shi ya zauna a ƙasa. Mata masu dawowa daga gulbi suka sauke tuluna don kada su fasa. Wani mutumin Wamakko ya jawo masa jakinsa, jakin ya dube shi ido cikin ido ya ɓarke da kuka. A masallaci da azahar, wanda ke gefen damansa ya yi salla lafiya, na hagu sai da ya sake. Da la'asar sai ga shi ya dawo rumfa, ya naɗe baki da rawani kamar Buzu.

"Tambari, ƙarasa."

"A'a. Wancan gefen naka ne, da guminka ka same shi. Ni ba na cin haƙƙin mutum."

"Don Allah."

"To, abu guda. Faɗa wa mutanen ga, ina Japan take?"

Arzika ya dubi dama, ya dubi hagu, rumfa ta cika maƙil. Ya sauke rawani.

"Ban sani ba."

"Ba mu jiya ba."

"Na ce ban sani ba!"

Aska ta bi dama. Tambari ya tattara gashin ya ƙulle a tsumma ya rataye a rumfa, ya daɗe a nan, uwata ma ta gan shi. Arzika ya shafa leɓensa ya ji shi sumul kamar na jariri. Ya tashi ya kama igiyar jakinsa. Sai da ya kai bakin rumfa ya waiwayo.

"Amma dai ana jin dakansu," ya ce.

To, kun ji miyar Arzika. Duk wadda aka gaya mata ta sauke tukunya ta tsaya sauraron mutanen bayan danni, ita ta yi irinta. Uwarku yau don ta ji maƙwabciya ta shigo ta ƙara kuka tafi guda, ina kallonta. Kada ku gaya mata na faɗa, ni zan gaya mata da kaina da safe.

A'a, babu wata tambaya. Ban san ko gashin ya sake fitowa ba, ban tsaya gadinsa ba. Ku tashi. Sadiyatu, ɗauke kaskon nan daga hanya kafin wani ya taka. Kai Ibrahim, zagaya tukuna kafin ka kwanta, tabarmata ba gulbi ba ce. Ku wuce, na ce!